Kafin ka ari haƙurin Markus Oreliyus, ka san a kan me ya tsaya

Kwanakin nan ko'ina ka leƙa a Facebook da TikTok sai ka ci karo da hoton gunkin wani mai gemu, an liƙa masa magana a ƙasa: kada ka damu da abin da ba ya hannunka. A ce maka Markus Oreliyus ne ya faɗa, sarkin Rum da ya yi mulki daga 161 zuwa 180. Matasanmu suna ta yaɗawa, har wasu na cewa ai wannan tawakkali ne tsantsa. Shawarar ba ta da laifi. Abin da ke damuna shi ne an ɗebo 'ya'yan an bar itacen, kuma su kansu masu falsafar Sitowa, wadda Markus yake bi, da haka suka kwatanta ta: gona ce, ilimin hujja shingenta, ilimin yadda duniya take shi ne ƙasa da itatuwa, kyawun hali kuwa 'ya'yan itace.

Zeno, mutumin Kitiyom a tsibirin Saifurus, shi ya kafa makarantar a Atina wajen shekara 300 kafin haihuwar Annabi Isa (AS). A wata rumfa mai zane a bango da ke bakin kasuwa yake karantarwa, ana ce mata Sitowa, sunan ya bi almajiransa. Bayansa Kiliyantis ya gaji kujerar, sannan Kirisifus, wanda aka ruwaito ya rubuta littattafai sama da 700, ko ɗaya bai iso mu cikakke ba. Yawancin abin da aka sani game da ra'ayinsu na duniya an tsinto shi ne daga rubutun wasu, har da abokan gardamarsu.

To me suka ce? Sun ce babu abin da ke da hakikanin samuwa sai jiki, domin jiki ne kaɗai ke iya taɓa wani ko a taɓa shi. Rai jiki ne a wurinsu. Hujjarsu mai sauƙi ce, kuma tana da kaifi: idan kunya ta kama mutum fuskarsa kan sauya, idan aka yanke shi ransa kan ji zafi, to yaya abin da ba jiki ba zai motsa jiki? Abubuwa huɗu kawai suka ware suka ce ba jiki ba ne: wuri, lokaci, sararin da ba kowa a ciki, da ma'anar da magana ke ɗauke da ita.

Sai kuma abin da ya fi burge ni. Sun ce akwai wani numfashi mai zafi, haɗin wuta da iska, da ya ratsa komai, yana turawa waje yana ja ciki a lokaci guda. Ɗaurin nan nasa shi ke hana dutse wargajewa. Idan ya ƙara ƙarfi sai ya zama tsiro a jikin itace, ya ƙara ya zama rai a dabba, ya kai ƙololuwa ya zama hankali a mutum. Abu ɗaya ne tun daga tsakuwa har malami, bambancin yawan ɗauri ne kawai. Saboda haka suka ƙi yarda akwai gurbi ko kaɗan a cikin duniya, duk a cike take, sararin banza yana can wajenta ba iyaka. Kirisifus har ya ce ɗigon ruwan inabi guda zai iya gauraya da teku baki ɗaya, ba a rasa shi a ko'ina. Masu gardama sun yi masa dariya ƙwarai a kan wannan, amma ya san abin da yake karewa. Idan abu biyu ba za su iya shiga juna gaba ɗaya ba, numfashin nan ba zai ratsa komai ba, ginin duka ya rushe.

Kada a ɗauka zaman rumfa kawai suka yi. Fosidoniyus, wanda ya karantar a tsibirin Rodus, ya yi tafiya har Kadis a gaɓar Atilantika, ƙasar Sifen ta yau, ya zauna yana kallon cikar teku da janyewarsa, ya danganta su da tafiyar wata. Imanin cewa komai na duniya a ɗaure yake da komai ne ya sa bai ga abin mamaki ba don wata na can sama yana jan ruwa a ƙasa. Sun kuma kwatanta tafiyar sauti a iska da da'irar da ke bazuwa idan aka jefa dutse a ruwa, sai dai shi sauti ta kowace fuska yake bazuwa.

Daga nan haƙurinsu ya samo asali. Tunda duniya halitta ɗaya ce mai rai da hankali, kowane abu sanadinsa na bayansa, babu abin da ke faruwa haka kawai. Mai fushi da zazzaɓi ko mutuwar ɗansa, a ganinsu, gaɓa ce ke faɗa da jikin da take ciki. Da aka ce musu to ai kun cire wa mutum alhaki, Kirisifus ya kawo misalin gungume mai siffar ganga: wani ne ya tura shi, amma siffarsa ce ta sa yake mirginawa. Abin da ya same ka daga waje yake, yadda ka karɓe shi halinka ne.

'Yan uwa, a nan nake so mu tsaya mu duba da kyau. Numfashin nan da ke cikin dutse da itace shi ne ubangiji a wurinsu, suna ce masa Ziyus, suna ce masa ƙaddara. Jiki ne, a cikin duniya yake, bai rabu da ita ba. Sun kuma ce lokaci zai zo komai ya koma wuta, sannan duniya ta sake fitowa daidai yadda take, mutanen nan dai, kuskuren nan dai, haka ba ƙarewa. Babu tashin alƙiyama, babu hisabi, wanda aka zalunta za a sake zaluntarsa a zagaye na gaba. Mai tawakkali kuwa ya dogara ne ga Mahaliccin da ba Ya kama da halittarsa, mai jin addu'a, mai sakayya. Duka biyun za su iya yin shiru a gidan makoki, amma dalilin shirun ba ɗaya ba ne, kuma ban ga adalci ga ko wane ɓangare ba a ce ɗaya ne.

Ilimin nasu na duniya ma bai tsira ba. Fanetiyus, wanda ya shugabanci makarantar daga baya, ya yi shakkar batun ƙonewar. Kirisifus ya nace cewa a zuciya hankali yake, sai Jalinus, wanda ya kasance likitan Markus kansa, ya nuna da fiɗa cewa jijiyoyin ji da motsi daga ƙwaƙwalwa suke fitowa. A batun ƙwayoyin zarra ma, abokan hamayyarsu mabiya Efikuras, masu cewa da ƙananan ƙwayoyi aka gina komai, sun fi kusa da abin da kimiyya ta tabbatar.

Markus ya san da wannan gardamar, kuma ba ta bar shi ya huta ba. A rubutun da yake yi wa kansa, sau da yawa yakan dawo kan tambayar: tsari ne mai hikima ke tafiyar da duniya, ko ƙwayoyi ne ke karo da juna ba manufa? Ya fi karkata ga na farko, yana kuma ƙoƙarin lallashin kansa cewa ko na biyun ne gaskiya bai kamata ya yi rayuwar hargitsi ba. Ni dai ban gamsu cewa lallashin ya wadatar ba, domin idan duniya ba ta da hankali, dalilin da Zeno ya bayar na yarda da ita ya tafi, sai mutum ya nemo wani. Masu yanko maganganunsa su ɗora a hoto ba sa nuna wa matasa wannan wurin, alhali a nan ne ya fi shan wahala.