Kiɗan Kulintang a Finafinan Filifin: Wa Ya Kamata Ya Bi Wani?

A tsibirin Mindanao da ke kudancin ƙasar Filifin, inda Musulmin ƙabilun Maguindanao da Maranao suke zaune, akwai kiɗan da ake kira kulintang. Tasoshin tagulla ne guda 8 da ake jerawa a kife bisa katako, kowace da ƙullutu a tsakiyarta, ana bugun su da sanduna biyu marasa nauyi, kuma a al'ada mata ne suka fi kaɗa su, musamman a wurin biki. Tare da su akwai ganga mai suna dabakan, da manyan tasoshin agung da ake ratayewa, sai kuma gandingan guda 4 waɗanda mutanen Maguindanao suke aika saƙo da su kamar yadda kalangu yake magana a wurinmu. Ina murna da shigar wannan kiɗa cikin finafinan zamani, amma yadda ake shigar da shi ɗin ne ya fi damuna.

Kulintang ba shi da tsayayyen saiti guda ɗaya. Jerin da ke wannan gida yakan bambanta da na wancan, domin kunnen maƙeri da na makaɗiya ne ma'auni, alhali fiyano da gogen Turawa da ake rubuta kiɗan fim da su sun dogara ne a kan sautuka 12 da ba sa canzawa. Idan mai tsara kiɗa a Manila, babban birnin ƙasar, ya haɗa su, hanya mafi sauƙi ita ce ya naɗi sautin tasoshin, ya shigar da shi kwamfuta, ya ja kowane ɗaya sama ko ƙasa har ya dace da fiyano. Kunne ba zai ji saɓani ba, sai dai abin da ya rage amon tagulla ne kawai, kiɗan kansa ya riga ya tafi. A ganina fiyanon ne ya kamata ya sassauta, a bar makaɗiya ta buga salonta, sauran kayan kiɗa su biyo bayanta.

Wannan ba abu ne da ya gagara ba. Mulkin Sifaniya daga 1565 zuwa 1898, sannan na Amurka har zuwa 1946, shi ya saba wa kunnen mutanen birni da tsarin Turai, amma 'yan ƙasar sun daɗe da nuna wata hanyar. Mai tsara kiɗa Lucrecia Kasilag ta haɗa kayan kiɗan gargajiya da na Turai a ayyukanta, takwaranta José Maceda kuwa ya yi shekaru yana zaga ƙauyuka yana naɗar kiɗansu, kuma a 1974 ya tsara wani aiki da gidajen rediyo 20 suka watsa a lokaci guda, kowanne da nasa ɓangaren.

Akwai kuma batun ma'ana, wanda ya fi na saiti nauyi a wurina. Tun ma kafin yaƙin da aka yi a birnin Marawi da ke tsibirin a 2017, wanda ya ɗauki wata 5, sunan Mindanao ya riga ya haɗu da tashin hankali a zukatan mutane da yawa. Idan darakta bai tuna da kulintang ba sai lokacin da zai nuna bindiga ko aljani, to ya ɗauki kiɗan aure da karɓar baƙi ya mayar da shi alamar tsoro, kuma yaron da ya tashi a Manila, da wannan alamar zai san Musulmin ƙasarsa. Me zai hana a ji shi a wurin soyayya, ko a ɗakin da uwa take jiran ɗanta?

Makaɗan kansu ma suna da haƙƙi. Samaon Sulaiman, gwanin kudyapi, wani irin molo mai tsirkiya biyu, wanda gwamnati ta karrama a 1993, wanzami ne a garinsu, kuma ya rasu a 2011. Irinsa suna nan da rai suna koyar da almajirai. Mai shirya fim da yake son sautinsu ya gayyace su situdiyo, ya tambaye su salon da ya dace da labarin, ya biya su, ya kuma rubuta sunayensu tare da na mai tsara kiɗan.