Numfashin da Ya Ƙi Kaiwa Ƙasa: Nasiha ga Mai Fama da Fargaba

'Yan'uwana matasa, akwai abin da da yawa daga cikinmu ke fama da shi a ɓoye. Mutum yana zaune lafiyarsa ƙalau, ko ya kwanta yana jiran barci, sai ya ji numfashinsa ya ƙi kaiwa ƙasa. Ya ja iska, ya sake ja, ya ƙaƙalo hamma, ƙirjin dai bai gamsu ba. Zuciya ta hau dukan uku-uku, tafin hannu ya jiƙe, abu ɗaya ya cika kai: yau kwana ya ƙare. Kafin rabin sa'a abin ya lafa, ya tashi ya ci gaba da harkokinsa, bai gaya wa kowa ba.

Ɗan'uwa, abin da kake ji gaskiya ne, kuma jikinka ne ke aikinsa a lokacin da ba a buƙata. Idan ƙwaƙwalwa ta hango haɗari, ko na gaske ko na tunanin jarrabawa da bashi da rashin aiki, wasu ƙwayoyi biyu da ke saman ƙoda sukan saki sinadarin adiranalin cikin jini. Bugun zuciya ya ƙaru, tsokoki su ɗaure, numfashi ya yi sauri, domin jiki na shirin gudu ko faɗa. To kai kuwa kana zaune, babu inda za ka. Babba mai hutawa yakan yi numfashi sau 12 zuwa 20 a minti. Mai fargaba yana zarce haka, kuma sama-sama yake ja, da ƙirji maimakon ciki.

A nan ne mutane ke ruɗewa. Kana jin kamar iska ta yi maka kaɗan, alhali idan aka saka maka na'urar awo a yatsa, sau da yawa za a ga iskar oksijin a jininka cike take. Wadda ta ragu ita ce kabon dayoksaid, iskar da muke fitarwa, saboda ka fitar da ita fiye da kima. Raguwarta kan sa jijiyoyin jinin da ke zuwa ƙwaƙwalwa su ɗan tsuke, sai jiri ya zo, gani ya dushe, yatsu da leɓe su sage kamar ana tsira musu allura. Waɗannan alamu su ƙara tsoratar da kai, ka ƙara jan iska da ƙarfi, abin ya ƙara ta'azzara. Wato ƙoƙarin da kake yi na ceton kanka shi ke riƙe da ciwon. Irin wannan farmakin tsoro yakan kai ƙololuwa cikin kamar minti 10, sannan ya sauka da kansa.

Kuma abin ba na yau ba ne, ba na ragwaye ba ne. Tun a 1871 wani likitan Amurka, Jacob Da Costa, ya rubuta a kan sojojin yaƙin basasar ƙasarsu masu kukan haki da bugun zuciya da ciwon ƙirji, ba tare da an ga lahani a zuciyarsu ba. Hukumar Lafiya ta Duniya kuma ta ƙiyasta cewa mutum miliyan 301 ne ke da larurar fargaba a 2019, kuma kusan ɗaya cikin huɗu ne kawai ke samun magani.

Sai dai kada wannan bayani ya sa ka zama likitan kanka. Asma, ƙarancin jini, ciwon zuciya, limoniya da gudan jini a huhu duk suna sarƙe numfashi. Je asibiti a duba ka tukuna. Idan kuwa ciwon ƙirji na bi ta hannu ko muƙamuƙi, ko leɓe ya sauya launi, ko akwai tarin jini, zazzaɓi, kumburin ƙafa ɗaya, ko numfashi na fita da ƙara, wannan na gaggawa ne, ba a jiran gobe. Haka ma hakin da ke ƙaruwa duk lokacin da ka hau bene ko ka yi sauri.

Idan an duba an ce huhu da zuciya lafiya lau, to ka yarda, ka daina yawon neman likita na biyar. Lokacin da abin ya taso, zauna, ɗora hannu a ciki, ja iska a hankali ta hanci kana ƙirga huɗu, ka sake ta ta baki kana ƙirga shida. Fitarwar ce ta fi muhimmanci, domin ita ke sassauta bugun zuciya. Ka riƙa gwada wannan kullum lokacin da hankalinka ke kwance, in ba haka ba ranar da tsoro ya kama ka ba za ka tuna ba. Tsohuwar dabarar nan ta yin numfashi cikin jakar takarda kuwa, rabu da ita; idan ashe asma ce ko zuciya, tana iya jawo babbar matsala.

Abin da ya fi ba ni takaici shi ne yadda wasu ke guje wa duk wurin da abin ya taɓa kama su. Yau an daina shiga taro, gobe an daina shiga mota, jibi ɗakin karatu ma ya gagara. Duk gudun da ka yi, kana tabbatar wa ƙwaƙwalwarka cewa wurin ne haɗarin. Masana halayyar ɗan Adam suna da hanyar magani ta tattaunawa, inda ake koya wa mutum gyara tunaninsa da komawa waɗannan wurare sannu a hankali, kuma an daɗe da tabbatar da amfaninta. Akwai kuma magunguna na likita, waɗanda sukan ɗauki makonni kafin su fara aiki.

Wanda kuma ya je ya sayi diazepam ko ƙwayar barci da kansa, ko ya ce wiwi ce ke kwantar masa da hankali, ya yi gudun gara ya faɗa gidan zago. Jiki na saurin sabawa da su, ranar da babu, fargabar ta dawo ninki. Kofi mai yawa, lemon ƙara kuzari, taba da kwana kan waya su ma suna hura wutar.

Ke 'yar'uwa, kai ɗan'uwa, idan abokinku ne abin ya kama a gabanku, kada ku ce masa raki ne ko rashin tawakkali. Ku kori masu taruwa a kansa, ku zaunar da shi, ku yi numfashin a hankali tare da shi har ya bi ku. In kuma karon farko ne da ya taɓa jin haka, ku raka shi asibiti a ranar.