Nasiha ga Masu Neman Suna: Matar da Ta Iya Cewa A'a

Assalamu alaikum 'yan'uwana matasa, maza da mata, musamman waɗanda zuciyarsu ta karkata ga harkar fim, da waɗanda suka mai da wayar hannu dandalin nuna kansu ga duniya.

Abin da ya sa na yi wannan rubutu wata magana ce da wata ƙanwata ta faɗa mini kwanakin baya, lokacin da nake yi mata faɗa a kan wani gajeren bidiyo da aka sa ta a ciki, wanda bai yi kama da tarbiyyar gidan da ta fito ba. Ta ce da ni, “Yaya, idan na ƙi yi, akwai mutum ɗari da za su yi, kuma daga ranar ba wanda zai sake kirana.” Ban raina maganarta ba, domin gaskiya ta faɗa, kuma tsoron da na ji a muryarta na gaske ne. Tun daga ranar nake ta tuna wata Ba'amurkiya baƙar fata mai suna Cicely Tyson, wadda ta shafe fiye da shekara 60 tana fitowa a finafinai da talabijin da wasan daɓe, kuma mutanen ƙasarta suka girmama ta saboda ayyukan da ta ƙi karɓa kamar yadda suka girmama ta saboda waɗanda ta yi. Addininmu da nata ba ɗaya ba ne, al'adarmu ma ta bambanta, amma mai hankali yakan tsinci abin amfani a duk inda ya gan shi.

An haife ta ranar 19 ga Disamba, 1924, a birnin New York, ta kuma tashi a gabashin unguwar Harlem. Iyayenta baƙi ne da suka yi ƙaura daga Nevis, wani ɗan tsibiri a yankin Karebiyan. Mahaifinta kafinta ne mai haɗawa da aikin fenti, mahaifiyarta kuma aikatau take yi a gidajen masu hali. Talauci ya kai su ga cewa tun tana ƙarama take sayar da jakunkunan cefane a bakin titi don taimaka wa gida. Ta yi aure tana da shekara 18, auren bai daɗe ba, ta ci gaba da riƙon 'yarta tana aikin buga tafireta a ofishin ƙungiyar agaji ta Red Cross. Sai da ta kusa shekara 30 sannan ta fara tallan kayan sawa, hotunanta suka fito a mujallu irin su Ebony, daga nan ta shiga koyon wasan kwaikwayo. Ku lura da shekarun nan da kyau, ku da kuke ganin duniya ta wuce ku don kun kai 22 ba wanda ya san ku.

Mahaifiyarta mace ce mai tsananin riƙo da addininta, wadda ta tarbiyyantar da 'ya'yanta daga gida sai coci, ba ta ma yarda su leƙa gidan sinima ba. Da ta ji 'yarta ta bar aikin ofis ta kama wasan kwaikwayo, sai ta kore ta daga gida, suka yi kimanin shekara 2 ba sa magana, domin a ganinta wannan sana'a ƙofar lalacewa ce. Ina so ku fahimce ni a nan, ba ina kawo wannan labari ne don in ba wani lasisin bijire wa iyayensa ba, kuma duk wanda ya karanta shi haka ya karanta a baibai. Abin lura shi ne yadda Tyson ta ɗauki tsoron mahaifiyarta. Ba ta ce tsohuwa ba ta waye ba. Ta san abin da uwar ta hango yana nan a cikin sana'ar, domin ta shiga ta gani da idonta, saboda haka ta bar gidan amma ta tafi da ma'aunin gidan, ta riƙa auna kowane aiki da shi. Daga baya sun shirya, uwar ta je ta kalle ta a kan dandali, kuma ta rayu har ta ga ranar da ake kiran sunan 'yarta da girmamawa. Idan mahaifiyarki tana ɗari-ɗari da abin da kike yi a TikTok, kafin ki ce ba ta fahimci zamani ba, ki zauna ki tambayi kanki ko akwai abin da ta hango wanda ke ba ki hango ba.

A 1963 ta samu gurbi a wani shirin talabijin na tashar CBS mai suna East Side/West Side, inda ta fito a matsayin sakatariya, abin da ya sa ta zama cikin baƙaƙen mata na farko da suka samu tsayayyen matsayi a irin wannan shiri a Amurka. Ta fito da gajeren gashinta yadda Allah ya halicce shi, a zamanin da akasarin mata baƙar fata suke miƙar da gashinsu da matsefin ƙarfe mai zafi don ya yi kama da na Turawa. Ta ba da labarin cewa har wasiƙun ƙorafi masu gyaran gashi suka riƙa aiko mata, suna cewa tana kashe musu kasuwa. Duk lokacin da na ga yarinya kyakkyawa ta ƙone fatarta da man bilicin saboda an gaya mata kyamara ta fi son farar mace, wannan labari nake tunawa.

Babban sauyi a rayuwarta ya zo ne a 1972 da fim ɗin Sounder, lokacin tana da shekara 47. Ta fito a matsayin Rebecca, matar wani talakan manomi a jihar Louisiana a shekarun 1930, wanda aka ɗaure saboda ya saci nama don iyalinsa da ke kwana da yunwa, ita kuma ta tsaya ta riƙe gona da 'ya'ya har ya dawo. An sa sunanta cikin masu takarar lambar Oscar saboda wannan aiki. Amma abin da ya fi lambar tasiri a kanta shi ne wani abu da ya faru lokacin da take zagayen tallata fim ɗin. Wani ɗan jarida farar fata ya gaya mata cewa ya gano akwai wariya a zuciyarsa, domin ya ji banbaraƙwai da ya ji yaro baƙar fata a cikin fim ɗin yana kiran mahaifinsa da irin sunan da nasa ɗan yake kiransa da shi. Wato mutum mai ilimi, wanda aikinsa rubutu ne, bai taɓa kawowa a ransa cewa akwai irin wannan ƙauna tsakanin uba da ɗa a gidan baƙar fata ba. Tyson ta sha faɗin cewa daga wannan rana ta gane ba za ta iya zama 'yar wasa kawai ba, domin duk abin da ta nuna a majigi, da shi miliyoyin mutane za su auna jinsinta baki ɗaya.

A daidai wannan lokaci ne Hollywood take tashen wasu finafinai masu araha da ake cika su da dillalan ƙwaya da kawalai da karuwai, duk baƙaƙen fata, kuma suna kawo kuɗi sosai. Aikin da ake da shi ga mace baƙar fata ke nan, kuma mutane da yawa sun karɓa don ba su da wani. Ita ta ƙi. Ta bayyana yadda take tantance aiki da cewa idan ta karanta rubutaccen labari, ko dai tsigar jikinta ta tashi, ko kuma cikinta ya juya. Idan na farko ne ta karɓa, idan na biyu ne ta mayar, ko nawa aka sa mata. Sakamakon haka ta riƙa yin zaman jira mai tsawo ba aiki, har ta koma zagaya jami'o'i tana gabatar da lacca don ta samu na rufin asiri. Maganar ƙanwata ta tabbata a kanta, domin ta ƙi yi wasu sun yi, kuma wayarta ta yi shiru.

A nan nake so mu tsaya mu yi magana tsakani da Allah. Na san wani zai ce wannan Amurka ce, mu kuwa yunwa ce take kora mu, kuma wanda bai ci ba ba ya jin wa'azi. Ban musa ba, rayuwa ta yi tsada, kuma yaron da furodusa ya miƙa wa 'yan dubbai alhali gidansu ba a ɗora tukunya ba yana cikin jarrabawa mai nauyi. Sai dai ku duba, Tyson ba daga gidan wadata ta fito ba, kuma a ƙasar da take, launin fatarta kaɗai ya isa ya rufe mata ƙofofi. Abin da ya ba ta ƙarfin ƙin aiki shi ne tana da wata hanyar samun abinci, ko da ba mai yawa ba ce. Wanda duk cinsa da shansa suka rataya a kan mutum ɗaya ko manhaja ɗaya, ba shi da bakin cewa a'a, ko da zuciyarsa tana ƙyamar abin da aka sa shi. Saboda haka nasihata ta farko gare ku ita ce ku riƙe wata sana'a a hannu, ɗinki ne, gyaran waya ne, girki ne, koyarwa ce, komai ƙanƙantarta, domin ita ce za ta tsaya muku ranar da aka kawo muku tayin da ya kamata ku mayar. Kwaɗayi mabuɗin wahala ne, amma rashin madogara shi ne yake jan mutum zuwa bakin ƙofar tun farko.

Akwai kuma wani abu da nake tsoron a fahimce shi a karkace. Tyson ba ta ƙi fitowa a matsayin talaka ba. Ta fito a matar manomi mai tsumma, ta fito a baiwa, kuma a 2011 ta fito a 'yar aikatau a fim ɗin The Help. A 1977 ta fito a shirin Roots a matsayin Binta, mahaifiyar Kunta Kinte, jarumin labarin, a wani ƙauyen Musulmi na ƙasar Gambiya, kuma ko da yake fitowar gajeriya ce, ta yi ta da nutsuwar uwa. Abin da take dubawa shi ne ko an bar wa wadda za ta kwaikwaya mutuncinta na ɗan Adam, ko kuwa an mai da ita abin dariya da abin sha'awa kawai. Mu a nan mun juya lamarin, matashi yana jin kunyar a gan shi yana tura baro, amma ba ya jin kunyar a gan shi yana zagin sa'ar mahaifiyarsa a bidiyo don mabiyansa su ƙaru. Hausawa sun ce mutunci madara ne, idan ya zube ba ya kwasuwa, kuma intanet ta ƙara wa wannan magana nauyi, domin bidiyon da ka goge yau yana nan a wayar wani, zai kuma iya ɓullowa ranar da ake neman aurenki ko ranar da ɗanka ya iya latsa waya.

Aikin da ya fi ɗaukaka sunanta ya zo a 1974, wato The Autobiography of Miss Jane Pittman, fim ɗin talabijin da ta fito a matsayin tsohuwa 'yar shekara 110 wadda aka haifa cikin bauta ta kuma rayu har zamanin gwagwarmayar 'yancin baƙar fata. Kafin a fara ɗauka, ta riƙa zuwa gidajen kula da tsofaffi tana zama da su, tana nazarin yadda suke tafiya da yadda muryarsu take rawa. A ƙarshen fim ɗin tsohuwar ta dogara sandarta a hankali ta je ta sha ruwa a famfon da aka keɓe wa farar fata kaɗai. Ta samu Emmy, wato babbar lambar yabo ta talabijin a Amurka, guda 2 a kan wannan aiki. Nasihata ta biyu ke nan, cewa ƙin mummunan aiki ba ya wadatarwa idan ranar da mai kyau ya zo aka tarar ba ka iya ba. Shekarun da ta yi tana jira ba barci ta yi a cikinsu ba.

Ba zan ɓoye muku cewa ta biya farashi ba. Ba ta taɓa cin Oscar ta hanyar takara ba, kuma bayan Sounder manyan kamfanonin fim ba su yi rububin ba ta jagorancin finafinansu ba, shi ya sa mafi yawan manyan ayyukanta a talabijin suke. Aurenta da mawaƙin nan mai busa ƙaho, Miles Davis, daga 1981 zuwa 1989, ya zo mata da ɗaci mai yawa. Manyan karramawar ma sai da tsufa suka riske ta. Ta karɓi lambar Tony ta wasan daɓe a 2013 tana da shekara 88, Shugaba Barack Obama ya rataya mata lambar yabo mafi girma ta farar hula a 2016, sannan a 2018 aka ba ta Oscar ta girmamawa, ita ce mace baƙar fata ta farko da ta samu. Ta rasu ranar 28 ga Janairu, 2021, tana da shekara 96, kwana 2 bayan fitowar littafin tarihin rayuwarta.

Ƙannena, duk wanda ya tsaya gaban kyamara, akwai yaron da yake kallonsa wanda shi bai san da shi ba. A 1974, a wani gari mai suna Central Falls a jihar Rhode Island, wata yarinya 'yar shekara 8 da ke zaune da iyayenta cikin matsanancin talauci, a gidan da ɓeraye suka addaba, ta zauna da 'yan'uwanta mata suka kalli tsohuwa Jane Pittman a talabijin. Yarinyar ita ce Viola Davis, kuma ta sha faɗin cewa a ranar ne ta ƙudurta abin da za ta zama. A 2015 ta zama mace baƙar fata ta farko da ta ci lambar Emmy ta babbar jaruma a jerin wasan kwaikwayo na talabijin wanda ba na barkwanci ba, saboda shirin How to Get Away with Murder. A wannan shekarar ce kuma Tyson, tana da shekara 90, ta shiga shirin a matsayin mahaifiyarta, har aka nuna Viola zaune a ƙasa a gaban tsohuwar, ita kuma tana taje mata gashinta na asali.