Harry Clasper da Leburorin da Aka Ture Gefe a Tarihin Tseren Kwale-kwale

Duk shekara idan jami'o'in Oxford da Cambridge suka kara a Kogin Thames, a gasar da aka fara tun 1829, akan ba da labarin tamkar 'ya'yan masu hannu da shuni ne suka ƙago tseren kwale-kwale a Ingila. A ganina wannan labari bai cika ba, kuma rayuwar Harry Clasper ta isa hujja.

An haifi Clasper a shekarar 1812 a Dunston, a bakin Kogin Tyne da ke arewa maso gabashin Ingila. Tun yana matashi ya yi aiki a ramin haƙar kwal a Jarrow, ya koyi sassaƙar jirgin ruwa, daga baya kuma ya zama mai tuƙa jirgin dakon kaya a kogin. A wancan zamani tsere tsakanin masu fito sana'a ce ta neman kuɗi, kuma jama'a kan yi dafifi a gaɓar kogi suna caca a kan gwanayensu. A 1842 matuƙan Landan, ƙarƙashin Robert Coombes, suka zo har gida suka doke Clasper da 'yan'uwansa, shi kuwa ya gane cewa ba ƙarfi aka fi su ba, nauyin jirginsu ne ya kayar da su.

Abin da ya yi bayan wannan kaye shi ne ya sa nake ganin ya cancanci a riƙa ambatonsa kafin kowane shehin malami. Matsalar ita ce, siririn jirgi ya fi gudu, amma idan aka ɗora filafili a kan bakinsa, matuƙi ba ya samun tazarar da zai ja ruwa da ƙarfi. Mafita ita ce a kafa wasu ƙarafa da za su fito waje daga gefen jirgin, a ɗora filafilin a kansu, ta yadda jirgin zai tsuke ba tare da an rage wa matuƙi ƙarfin jansa ba. Wasu masassaƙan Tyne sun riga shi gwada dabarar, amma shi ne ya gyara ta har ta yi aiki. A 1845 ya kai jirginsa mai suna Lord Ravensworth zuwa Landan, tare da 'yan'uwansa da kawunsa, suka lashe kambun matuƙa huɗu a gasar Thames. Shekara guda bayan haka jiragen Oxford da Cambridge suka fito da irin waɗannan ƙarafa, kuma har yau da su ake tsere a gasar Olamfik.

A fannin horarwa ma ya bar baya mai kyau, domin shi ne ya raini Robert Chambers, ma'aikacin masana'antar ƙarfe, wanda ya doke Harry Kelley a 1859 ya karɓe kambun tseren mutum ɗaya daga hannun mutanen Landan. Da Clasper ya rasu a 1870, a jirgin ruwa aka ɗauki gawarsa ta bi kogin kafin a binne shi a Whickham, kuma an ƙiyasta cewa mutane fiye da 100,000 ne suka fito rakiya.

Shekara tara kacal bayan rasuwarsa, masu shirya gasar Henley, babbar gasar tseren kwale-kwale da ake yi a Kogin Thames, suka kafa doka cewa duk wanda ya taɓa aikin hannu domin lada, maƙeri ne ko lebura, ba zai shiga gasarsu ba, kuma ƙungiyar masu tsere don sha'awa da aka kafa a 1882 ta bi sahu. Masu kare wannan doka suna da hujjoji biyu. Sun ce caca ta ɓata tseren 'yan kuɗi, har ana zargin sayar da wasa, sannan sun ce wanda ke yini yana aikin ƙarfi ya fi ɗalibi ko lauya ƙwanji, saboda haka karawar ba adalci. Hujja ta farko tana da ƙanshin gaskiya, kuma da ita kaɗai ce damuwarsu, da hana karɓar kuɗin tsere ya wadatar. Ta biyun kuwa ita ce ta tona asiri, domin dokar ta hau kan kafinta ko birkila wanda bai taɓa karɓar ko sisi a kan ruwa ba, laifinsa kawai shi ne irin aikin da yake ci da iyalinsa. Wannan tsoron shan kaye ne a hannun talaka aka yi wa rigar ɗa'a, kuma ba a soke sharaɗin aikin hannu ba sai a 1937, lokacin da tseren 'yan kuɗi na Tyne ya riga ya durƙushe, ƙwallon ƙafa kuma ta kwashe 'yan kallon da a da suke cika gaɓar kogin.