Gyara ne ke tona asirin mai ji da kai

'Yan uwana matasan Sakkwato, akwai wani shiri da ya shigo mana ta waya, wai "ka so kanka, kada ka saurari kowa". Rabinsa gaskiya ne. Ɗayan rabin kuwa shi ne ke raba yaro da abokansa, ya raba amarya da dangin miji tun lallen hannunta bai goge ba.

Ku duba majalisarmu bayan sallar isha'i, ko a Mabera ko a Runjin Sambo. Saurayi ya ɗora hotonsa da sabuwar shadda, wayar na hannunsa yana leƙa ta kowane minti, shayinsa har ya huce. Wani ya ce masa, "Abokina, wagga magana da ka rubuta ƙasan hoton ba daidai take ba." Shi ke nan. Fuska ta canza, an tashi daga tabarma, kafin gari ya waye an toshe mutum a WhatsApp, an rubuta cewa mahassada sun yi yawa. Mutane sai su ce ai ya yarda da kansa ne. Ni ban ga yarda da kai a nan ba. Ginin da gyara ɗaya ke girgizawa, tubalinsa bai bushe ba.

Masana halayyar ɗan Adam sun gwada wannan. A 1998, Brad Bushman da Roy Baumeister a Amurka suka sa ɗalibai rubuta gajeren sharhi, sannan aka kushe rubutun wasu da gangan, aka kuma ba su damar sakar wa mai kushen ƙara mai ciwo a kunne. Waɗanda suka fi ramawa da zafi su ne masu ganin sun fi kowa. Sanin darajar kai kurum, babba ko ƙarami, bai sa mutum ya zama mai ramuwa ba.

Addininmu ya riga ya raba abin biyu. A hadisin Ibn Mas'ud da Muslim ya ruwaito, da Annabi (SAW) ya ce mai ƙwayar zarra ta girman kai a zuciya ba zai shiga aljanna ba, wani ya ce mutum yana son tufafinsa da takalminsa su yi kyau. Sai aka amsa masa cewa Allah Mai kyau ne, yana son kyau, girman kai shi ne ƙin gaskiya da raina mutane. Don haka sa shaddarka, kafa hularka, ba laifi. Tambayar ita ce me kake yi idan aka gaya maka gaskiya.

Abin yakan faro tun gida. A 2015, Eddie Brummelman da abokan aikinsa suka fitar da bincike kan yara 565 a ƙasar Holan. Yaran da iyaye ke nuna musu cewa sun fi sauran yara, su suka fi tasowa da ji da kai. Waɗanda suka samu ƙauna da kulawa kuwa, sanin darajar kai suka tashi da shi. Ku da ke da ƙanne, ko kuka fara haihuwa, ku lura: "ina alfahari da ƙoƙarinka" daban, "babu kamarka a garin nan" daban. Kirari na maroƙa ne ranar biki, bai dace da tarbiyya ba.

Sai dai kada mu koma liƙa wa kowa cuta. Ba duk mai taurin kai ne mara lafiya ba. Littafin likitocin ƙwaƙwalwa na Amurka, DSM-5, ya lissafa alamomi 9 na cutar ji da kai, kuma sai mutum ya haɗa 5 da suka daɗe suna ɓata masa rayuwa kafin a ce cuta ce. Wannan hukuncin likita ne, irin waɗanda ke asibitin ƙwaƙwalwa na Kware, ba na tsohuwar budurwa mai jin haushi ba.

Idan an gyara maka magana a cikin mutane, ƙirji zai yi zafi, kowa haka yake. Ka bar wayar a aljihu, kada ka rubuta komai daren nan. Da safe ka nemi wanda ya yi gyaran, ka tambaye shi inda ya ga kuskuren.