Mai ɗaukar fim a fadamar Haɗeja, ka daina cewa "a sake"

Yawancin abin da muke kira dokumentari a nan hira ce da jami'i a ofis, a lulluɓe ta da kiɗa da muryar mai sharhi. Fim ɗin da ya dace da fadamar Haɗeja kuwa shi ne wanda mai kyamara zai zauna ya kame bakinsa. Tun da aka gina dam ɗin Tiga a 1974 da na Challawa a 1992 tafiyar ruwa ta canja, ciyawar kachala ta toshe hanyoyinsa a yankin Guri da Kirikasamma, tsuntsun jan-baki ya samu maɓoya a cikinta yana cinye shinkafa. Ba sai mai sharhi ya zayyana wannan ba. Nuna masunci yana kokawa da kachala a kwale-kwale tsawon minti biyu, mai kallo zai gane.

Abin da ke kashe aikin magana ɗaya ce: "Baba, don Allah a sake jefa birgin," wato tarun kamun kifi. Jifa ta biyu don kai aka yi ta, ba don kifi ba, kuma ana ganewa, don mutum zai riƙa satar kallon kyamara yana jiran yabo. In ta wuce ka, gobe ma zai jefa. Haka batun kuɗi: a yi magana a kan ihsani tun farko a gaban dagaci da sarkin ruwa, kada a riƙa biya kan kowane abu da aka ɗauka, in ba haka ba kowa zai fara shirya maka abin da yake zaton kana so. Kwanakin farko ka zo, ka gaisa, ka zauna, kyamara na rataye ba a kunne ba, har yara su gaji da kai. Cikin gida kuwa sai da izinin maigida da na matan kansu, kuma mace ce za ta ɗauka.

Sauti ya fi hoto wahala, shi kuma muka fi rainawa. Iskar hunturu kan mayar da komai buu, don haka a sa wa makirufo rigarsa mai gashi, a riƙa saurare da abin kunne ana ɗauka. A kowane wuri a naɗi minti biyu na sautin wurin zalla: ruwa, gwangwanayen yara masu korar tsuntsu, kukan shanu. Da shi ake ɗinke yanka wajen tacewa. Injin ban ruwa in yana kusa, a matsa ko a jira.

Haske mai kyau daga fitowar rana ne zuwa wajen ƙarfe tara, sai bayan la'asar. A ɗauka a firam 25 (hotuna 25 a daƙiƙa), shata (saurin buɗewa da rufewar kyamara) 1/50, da gilashin rage haske. Kada a canza idon kyamara a fili, ƙura za ta shiga ta bar ɗigo a kowane hoto.

Tsuntsayen da ke zuwa dajin Baturiya, matattarar tsuntsaye a fadamar, daga Turai an fi samunsu daga Nuwamba zuwa Fabrairu. Suna buƙatar ido mai nisa, kamar milimita 400, a kan ƙafa uku, a kuma shiga maɓoya tun da duhu. Jirgi maras matuƙi, wanda kowa ke ɗoki yanzu, tashinsu yake yi, sai ka dawo da hoton fadama ba tsuntsu. Kowane dare a kwafe abin da ke katin kyamara wuri biyu kafin a goge, a cika batir da sola, don wutar lantarki ba abin dogaro ba ce a can.