Hular da Madubin Madrid Ya Auna Mini

Ajin koyon Sifaniyanci da nake zuwa da yamma a Madrid na 'yan ci-rani ne da ɗalibai irina. Burinmu bai wuce mu iya tambayar kuɗin albasa ba, mu kuma iya gaya wa mai gidan haya cewa famfo ya fashe. Sai Allah ya haɗa mu da wata dattijuwar malama wadda ta yi imani cewa mutum bai cancanci sayen albasa a ƙasarsu ba sai ya san Valle-Inclán.

Marubuci ne ɗan yankin Galisiya, an haife shi a 1866, ya rasu a 1936. A hoto za ka ga siririn mutum da gemu har ƙirji, da tabarau masu zagaye, hannun rigarsa na hagu yana reto babu komai a ciki. A 1899 gardama ta kaure tsakaninsa da wani ɗan jarida a shagon shan gahawa a Madrid, aka sauke masa sanda a wuyan hannu, ciwon ya ruɓe, likita ya yanke. Daga nan duk wanda ya tambaye shi ina hannun, sai ya ƙirƙiro masa sabon labari. Nan take mutumin ya kwanta mini a rai, don babu majalisar unguwar da ba ta da irinsa.

Wasan kwaikwayonsa da malama ta ɗora mana, Luces de bohemia, ya fara fitowa a 1920. Labarin daren ƙarshe ne na wani makahon marubucin waƙoƙi, Max Estrella, wanda talauci ya yi wa katutu, yana yawo a titunan Madrid da wani abokinsa maci amana. Da asuba ya faɗi a bakin ƙofar gidansa, abokin ya zare masa jakar kuɗi wai don kada ɓarayi su ɗauke. A ciki akwai tikitin caca, kuma tikitin ya ci. A wajen makoki wani ya kafe cewa mamacin suma kawai ya yi, har sai da aka kunna ashana a yatsan gawar don a raba gardama. Mu dai a aji muka rasa abin yi, dariya ko salati. Malama ta ce madalla, wannan rikicewar ita ake nema, ita ce esperpento.

Kafin Max ya cika ne ya yi wa abokinsa bayanin dabarar. Ka kamo jaruman da ake ji da su, ka tsayar da su gaban madubi mai lotsawa ciki, to abin da ka gani a karkace shi ne ainihin Sifaniya. Ya ce mai zanen nan Goya ne ya fara. Madubai irin waɗannan kuwa ba ƙirƙira ba ne, suna nan a wani lungu da ake kira Callejón del Gato, kusa da dandalin Puerta del Sol. Aikin gida: kowa ya je ya ɗauki hotonsa a ciki, ya rubuta layi goma.

Ranar Juma'a na je bayan an sauko daga masallaci, da kaftanina da hulata. Lungu ne ɗan siriri, madubai biyu na manne a bangon wani gidan abinci da ke sayar da soyayyen dankali da miyar barkono. A na farko na miƙe na zama zankalele, fuska ta zube har ƙirji. A na biyu kaina ya cinye rabin hoton, wuya ya ɓace, ƙafafuwana ba su kai taƙi guda ba. Na yi dariya har wani ɗan yawon buɗe ido ya matsa gefe. Na ɗauki duka biyun, na tura wa malama, na kuma tura wa ƙanina don mu dara tare.

Yaron nan, Allah ya shirye shi, bai yi wata-wata ba ya jefa hotunan a zauren danginmu na WhatsApp, ya rubuta a ƙasa: "A sa Yaya a addu'a."

Ni ɗan fari ne, don haka Hajiya ba ta ce uffan ba. An ce ta dubi wayar, ta ajiye, ta shiga ɗaki ta ɗauko carbi. Gwaggo ce ta kira.

"Kai, me ka ci?"

"Gwaggo, madubi ne."

"Madubi ka ci?"

Na ce a'a, tsayawa na yi a gabansa. Ta ce shekarunta nawa tana tsayawa gaban madubi, kanta bai taɓa ƙaruwa ba. Ta ce ta duba hotunan da kyau, a ɗaya na rame, a ɗaya na kumbura, kuma riga ɗaya ce a jikina, wato a wuni guda abin ya faru. Wannan ba ciwon asibiti ba ne.

Sai na ce bari in kamo zancen daga tushe. Na ce akwai wani mutum mai hannu ɗaya da dogon gemu.

"Shi ya ba ka abin?"

"Haba Gwaggo, ai ya mutu tun 1936."

Na ji salati ya tashi daga bakin mata aƙalla uku, ashe ta sa wayar a amsa-kuwwa. Na yi sauri na ce ba shi ya aike ni lungun ba, wata tsohuwa ce mai farin gashi. Gwaggo ta ce ya isa haka, kada in ƙara cin komai daga hannun matar nan, kuma za a aiko da rubutu.

Na ɗauki hotuna masu kyau a ɗakina, a tsaye, a zaune, ta gefe, na tura. Kawu ne ya rushe su da magana ɗaya. Ya ce kowa ya san yaran yanzu suna gyara hoto a waya, baƙi ya koma fari, mai ƙuraje ya koma sumul. Amma tun da yake bai taɓa jin wanda ya gyara hoto don ya munana kansa ba. Saboda haka masu kyan ne na bogi, mummunan shi ne na gaskiya. Na daɗe ina juya maganar nan ban sami ta inda zan kama ta ba. Kawu bai taɓa jin sunan Valle-Inclán ba, amma da malama ta ji shi da ta ba shi ajin ya koyar.

Duk wannan mai sauƙi ne. Matsalar ita ce an riga an kai gaisuwar aurena, kuma mahaifin yarinyar bai taɓa sa ni a ido ba, tun da ina nan aka yi komai. Hoto kuwa ba ya neman izini kafin ya shiga gidan surukai. Ita yarinyar ta gane madubi ne, ta yi ta dariya, amma wa zai tambaye ta? Baba ya ce yana son ya gan ni ta bidiyo.

A makon nan malama ta karanta mana wata hira da aka yi da Valle-Inclán a 1928, inda ya ce hanya uku ce marubuci ke kallon mutanen labarinsa: a durƙushe, sai ya gan su sun fi shi, a tsaye, sai ya gan su daidai da shi, ko daga sama, sai su koma 'yan tsana ababen dariya. Ta ukun ita ce tasa.

To ni ɗan mutunci ne, ba zan gaida suruki a tsaye ba. Da wayar ta shiga na zube ƙasa na durƙusa, na ɗaga ta sama da hannu biyu don Baba ya kasance a bisa kaina yadda ya dace. A ɗan akwatin da ke kusurwar allo na hango abin da yake gani: ƙaton kai da hula, can ƙasa wasu 'yan gwiwoyi.

"Baba, ina wuni."

"Lafiya lau, ɗana. Yaya ƙarfin jiki?"

"Baba ai lafiyata ƙalau."

"Haka ake so. Namiji ba ya raki." Ya ɗan yi shiru. "Ciwo yake yi, ko nauyi ne kawai?"

Miƙewa ce za ta wanke ni, amma bai ce in tashi ba. Ya miƙa wa uwargida, na sabunta gaisuwa. Ta miƙa wa amarya. Aka kai wa kaka a ɗakinta, ta tofa wa allon addu'a har hoton ya dushe. Aka yi sallama ta kai sau nawa, babu wanda ya kashe. Su suna jin nauyin katse marar lafiya, ni kuma ban isa in katse surukai ba. Ƙafata ta mutu, hannuwana suna rawa, kan kuma sai ƙara girma yake yi saboda wayar tana saukowa kusa da goshina. Ƙarewar caji ce ta cece ni.

Da na ba malama labari ta tafa hannu, ta ce wannan ai Buñuel ne tsantsa, wato mai shirya fim ɗin nan ɗan Sifaniya. A 1962, a Meziko, ya yi fim a kan wasu masu hannu da shuni da suka je liyafar cin abinci suka kasa fita daga falo, alhali ƙofa a buɗe take, ba wanda ya tsare su. Ta ba ni makin da ya fi na kowa. Gwiwata kuwa ko tambaya ba ta yi ba.

A ƙarshe dai wakili aka turo, wani ɗan garinmu da ke aikin gonakin tumatir na rumfar leda a Almeriya. Ya kwana a mota ya zo, ya ci shinkafata, ya zagaya ni, ya sa na cire hula. Sannan ya kira gida a gabana ya ce alhamdulillahi, kumburin ya saɓe, kamar ba a yi ba. Gwaggo ta karɓi barka daga dangi har na mako guda, alhali rubutun nata ko fita daga gari bai yi ba.

Kayan angonci suka iso a hannun wani matafiyi. Babbar riga daidai, wando daidai. Ni lamba 22 nake sawa a hula, wadda aka aiko 27 ce, aikin hannu mai tsada, kuma Baba ne da kansa ya biya, don haka babu zancen canzawa. Kawu ya haɗo da 'yar takarda cewa an bar sarari ne ko da ciwon zai dawo. Na gwada ta, ta sauko ta zauna a kan hancina. Yanzu haka jaridar Sifaniya nake naɗewa ina cusawa a ciki, na kai shafi na shida, kunnuwana ba su fito ba tukuna.